Geron Da Na Gajarta

Ni ban yi boko ba, allo ma ban yi nisa a cikinsa ba, iyakacina abin da zan yi salla. Amma daga ƙauyenmu har Ɗanzomo, har ka dangana da Sule Tankarkar, in ka tambayi tsofaffin mata inda ake samun irin gero mai jure wahala, ƙofar ɗakina za su nuna maka. Wani zai ce yabon kai nake yi. To, na kai shekarun da za a ƙyale ni in yi.

Irin nan ba ni na fara shi ba. Uwar mijina ce ta shigo da shi daga tsallaken iyaka, can wajen Damagaram, a ƙulle a bakin zane, ranar da aka kawo ta gidan miji. Ita ta yi ta zaɓensa duk shekara har ni ma aka kawo ni daga wajen Gagarawa. A lokacin matan ƙauyenmu suna fita gona, kuma kowace dattijuwa tana da gayauna, wato ɗan yankin da maigida yake ware mata ta shuka abin da ta ga dama. Tata tana gabas da babbar gona. Rabinta kwari ne, da wani ƙaton gawo a tsakiya inda shanun Fulani suke kwanciya da rani. Ɗaya rabin kuwa tudu ne, farin yashi, wanda ko kaza ta tona ba ta samun komai.

A damina ta uku da zuwana kurkunu ya kama ta a ƙafa, ta kasa takawa. Gero ya fara nuna, sai ta kira ni ta miƙo mini ƙullin kaba ta ce, "Yarinya, je ki gayauna ki ɗaure mini iri." Haka ake yi a gidanmu. Ba a jira sai an yanke gero an yi dami sannan a zaɓa. Tun yana tsaye, lokacin da ake fara gasa tumu, ake shiga a ɗaura wa wanda aka zaɓa kaba a wuya, domin ranar girbi duk sun nuna, ba ka gane wanda ya riga wani.

Na tafi ina jin kaina, an ba ni aikin manya. Ban zame ko'ina ba sai gindin gawo, inda zangarniya take kamar taɓarya. Na yi ta ɗauri har kaba ta ƙare, na karyo ɗaya na kawo mata don ta yaba. Ta jujjuya ta a hannu.

"A ina kika samo wannan?"

"A gindin gawo, Iya."

"To ai kashin shanu kika zaɓo mini, ba gero ba."

Ta sa aka ɗora ta a kan jaki, ni ina ja. Muka wuce gawon ko kallonsa ba ta yi ba, sai tudu. Ta sa na tanƙwaro mata wata zangarniya wadda tsawonta bai kai rabin tawa ba, ta danna ta da babban yatsa, ba ta lotsa ba. Ta ce, "Wancan na gindin gawo ci da sha aka ba shi, kowane iri kika jefa can zai yi ƙiba. Wannan kuwa ba wanda ya ba shi komai, ga shi ya cika har baki. Abin a jininsa yake, kuma 'ya'yansa za su gaje shi."

Ba ta kwance nawa ɗaurin ba. Da damina ta zagayo ta sa na shuka shi a kan tudu, layi biyu, kusa da nata. Shekarar ruwa ya ɗauke da wuri. Nawa ya yi tsawo, ya yi ganye, ana ganinsa daga hanya, amma zangarniyar rabi ƙwaya rabi iska. Ba ta yi mini faɗa ba. Ranar sussuka kawai ta ce in sussuke nawa daban, ta jawo kujera ta zauna tana kallona ina sheƙe ƙaiƙayi. Wannan zaman nata ya fi mini duka zafi, kuma ban sake ɗaura kaba a gindin gawo ba.

Da ta rasu gayauna ta dawo hannuna. Maigidana, Allah ya jiƙansa, bai taɓa sa mini baki a ciki ba. Shekara bayan shekara ina shiga da kabata. Ina duba wanda ya riga nuna, wanda ƙwayarsa ta haɗe ba gurbi, wanda ya cika har tsini, wanda ba baƙin garin cuta a jikinsa. In ya kasance da ɗan gashi ina ƙara sonsa, don tsuntsu ba ya son abin da zai soke masa ido. Da damina ta fara gajarta a ƙasar nan, ta zo a makare ta tafi da wuri, sai na ƙara matsawa kan mai saurin nuna. Ko zangarniya ta kai kyan amarya, in ta makara ba ta samun kabata.

Wata shekara ƙanwar uwar mijina ta zo mana ziyara daga tsallake, ta biyo motar kasuwar Maigatari. Tsohuwa ce tukuf. Na kai ta gayauna don ta ga irin gidansu yana nan ban yar ba. Ta tsaya ta daɗe tana kallo, sannan ta ce, "Wannan ba geronmu ba ne. Namu mutum yana kan raƙumi yake ɓacewa a ciki. Wannan ai da kaɗan ya fi ki." Na rantse mata ban taɓa haɗa shi da wani iri ba. Ta ce to ita dai ba ta san shi ba. Maganar ta zauna mini a rai shekaru, ina ganin kamar an ba ni amana na lalata.

Shekarun baya-bayan nan yanar ido ta rufe mini gani. An kai ni asibiti a Gumel aka yi wa na dama aiki, ya ɗan buɗe, ina gane mutum in ya matso. Na hagu kuwa ya tafi. Bara da na shiga gayauna, da lalube na yi ɗaurin, kuma na san na yi kuskure a wurare, don na ji a hannuna ranar sussuka.

Ɗana na fari, wanda ba na kiran sunansa, shi ke riƙe da gona yanzu. Ya daɗe da komawa sabon iri, wanda ake sayarwa a leda. Ba zan yi masa ƙarya ba, irin nasa yana yi. Na ci tuwonsa, na sha furarsa, ba laifi, ko da yake ba ta da ƙanshin tawa. Da bazarar bana ya zo ya durƙusa a ƙofar ɗakina.

"Inna, dama maganar gayauna ce."

"Ina ji."

"Bana zan shuka miki kamar kullum. Amma in Allah ya kai mu baɗi, ina so in haɗe ta da babbar gona. Ido ya ƙi, kuma ba mai zaɓa. Iri in ba a zaɓa ai lalacewa yake, ke kika faɗa mana."

"In kuma an samu mai zaɓa fa?"

"In an samu, gayauna tana nan."

Ya san abin da ya taka. Matarsa tana fama da sana'ar man gyaɗa da ƙuli, ba ta da lokacin tsayawa a rana tana danna zangarniya. Ƙannensa ɗaya yana tuƙa adaidaita a Gumel, ɗaya yana lodin dabbobi a Maigatari, su gero sai a kwano suke ganinsa. Na lissafa gidan kaf ban samu kowa ba. Abin da aka ɗauko daga Damagaram a bakin zane, ya ratsa hannun mace biyu, zai ƙare a turmi a daka shi a cinye.

Gero yana fitar da kai sai ga jikata ta dawo hutu, 'yarsa ta biyu, wadda take karatun koyarwa a Gumel. Ita ce abokiyar faɗana a gidan. Wata rana da hantsi ina zaune a inuwa ina tsintar wake da lalube, ita tana gefe a kan tabarma da wani littafi mai kauri, sai na ji ta yi dariya.

"Kaka, kin san aikin nan naki na ɗaure-ɗauren kaba yana da suna a littafinmu?"

"Littafinku ya san kaba?"

"Bai san kaba ba, amma ya san aikin. Silekshan ake ce masa da Turanci."

Ubanta yana bakin rumbu yana gyaran ƙotar fartanya, ya ce, "Wannan ai kalmar 'yan gwanjo ce. A kasuwar Maigatari in an kwance dila, masu sammako su suke yin silekshan, su kwashe masu kyau su bar wa na baya tsumma."

Ta ce, "Haka ne, Baba. Ko 'yan ƙwallo ma in za a ɗebi masu buga wa gari haka suke cewa. Asalinta zaɓe ne kawai. Amma masu ilimin halittu sun ɗauke ta sun ba ta aiki na musamman."

Ta yi mana bayani, ni kuma na ajiye faifai ina saurare. Ta ce a wurinsu zaɓen iri biyu ne. Akwai wanda mutum yake yi da hannunsa, kamar makiyayi da yake ware ragon da zai bar wa tumaki. Akwai kuma wanda ba hannun kowa, ƙasa da fari da tsuntsu da cuta su suke yinsa. Kuma ta ce in aka daɗe ana yi, daga uwa zuwa 'ya zuwa jika, abu yakan sauya kama a hankali har wanda ya san kakanninsa ya kasa gane shi.

Na ce, "Fari yana da ido ne da zai yi zaɓe?"

"Ba ya bukatar ido, Kaka. Wanda bai nuna da wuri ba ya bushe bai bar 'ya'ya ba. Wanda ya nuna ya bari. Baɗi 'ya'yan wa za a gani a gona?"

"Allah dai shi ke yi. Fari ɗan aike ne."

"Malamarmu ma haka ta ce, ita da take zuwa coci. 'Yar wajen Jos ce. Ta ce littafin yadda abin yake tafiya yake faɗa, mu riƙe shi a haka."

Na ce, "Wato duk ranar da na sha a tudun nan banza ce. Ko na je ko ban je ba, fari zai yi aikina."

"A'a, tsohuwa, kada ki yi fushi. Masu littafin ma da irinku suka fara misali. Sai da suka ga abin da manoma da makiyaya suke yi da hannu, sannan suka gane ƙasa ma tana yin irinsa."

"Ashe daga wurinmu suka ɗauka."

"Kusan haka."

"To su riƙa faɗa."

Sai na ba ta labarin tsohuwar da ta ce geronmu ba nasu ba ne. Ta saurara har ƙarshe, ta ce, "Ai gaskiyarta, ba nasu ba ne. Naki ne. Duk shekara kina ɗaukar mai saurin nuna, shi kuma mai sauri ba ya tsayawa yin tsawo. Ke kika gajarta shi, Kaka, da kaɗan-kaɗan, ba ki sani ba. Da kin bar shi yadda aka kawo shi, da wannan guntuwar daminar ta daɗe da cinye shi."

Na jawo faifai na ci gaba da tsinta. Amma ranar sai da na ƙara tuwo. Shekaru ina ɗauke da abu a matsayin laifi, ashe shi ne aikin da na fi iyawa a duniya. Ni da ban san yadda ake riƙe biro ba, na sauya wa gero tsawo.

Kashegari na ce mata ta yanko kaba.

"Ni? Kaka, hutu fa na zo."

"Kin iya faɗin sunansa da Turanci, sai ki zo ki ga ko kin iya yinsa da Hausa. Kuma ki cire wannan takalmin mai tsini, ba biki za mu ba."

Ta riƙe mini hannu muka tafi. Na ɗauka gindin gawo za ta nufa, sai ta ja ni muka wuce. Ta ce, "Labarin kashin shanu sau nawa kika ba mu? Ba za ki kama ni da wannan ba." Muka hau tudu. Na zauna a kan wani kututture na ce ta fara, in ta ɗaure goma ta zo ta kai ni in taɓa. Ba a jima ba ta dawo tana murna, wai ta samu waɗanda suka riga kowa nuna. Na kai hannu kan na farko, ina taɓawa ƙwaya ta zubo mini a tafi.

"'Yar boko, wannan ai shibra ce."

"Mene ne kuma shibra? Ba mai saurin nuna kika ce ba?"

"Geron banza ne, mai fitowa a tsakiyar na kirki. Yana riga kowa nuna, ya kuma riga kowa zubewa. Shi ƙasa yake yi wa aiki, ba rumbu ba. In kika shuka 'ya'yansa, ranar girbi kara za ki tarar."

Ta kwance duka goman tana gunaguni, wai littafi bai faɗi wannan ba. Na ce ai shi ya sa aka bar tsofaffi a duniya. Na kama babban yatsanta na ɗora a kan ta kirki, na danna da shi, na ɗora a kan ta banza, na danna. Haka muka yi ta yi. Ita tana faɗa mini launi da ko akwai baƙin gari, ni ina faɗa mata abin da hannu ya ce. Ranar farko cikin goma ina kwance bakwai. Rana ta biyu ina kwance uku. Ta yi baƙi, ƙaiƙayi ya hana ta sakat, ta ce in ta rasa miji ni ce sila. Na ce wanda zai gudu don ƙaiƙayi gara ya gudu tun yanzu.

A rana ta uku ta ja ni zuwa kusurwar arewa, wurin da ban cika zuwa ba, don ƙuduji ya cinye shi. Ciyawa ce mai jan fure, tana kama saiwar gero ta tsotse shi har ya tsumbure. Tun zamanin uwar mijina ba ma ɗaukar iri a nan.

"Me za mu yi a nan? Mu koma."

"Tsaya, Kaka. Bari in faɗa miki abin da nake gani. Ƙuduji ya rufe wurin nan, geron duk ya yi rawaya bai kai gwiwata ba. Amma akwai gindi huɗu da suka tsaya kore, sun fitar da kai, sun cika. Ga furen a ƙarƙashinsu kamar sauran."

"Ƙanana ne?"

"Ƙanana ne."

"To bar su. Ba a ɗaukar iri a wurin cuta."

"Ke kika ce wanda ya cika a inda ba a ba shi komai ba, abin a jininsa yake. Waɗannan ba hana su kawai aka yi ba, tsotsarsu ake yi, suka cika. Ni dai zan ɗaura."

Na buɗe baki zan ce ni ce mai gayauna, sai na fasa. Na ce ta kai hannuna. Zangarniyar ba ta fi tsawon tafin hannu da rabi ba, irin wadda da idona ne ko tsayawa ba zan yi ba. Na danna. Kamar dutse. Na bi ta har tsini, ba gurbi ko ɗaya. Shekara nawa ina wuce kusurwar nan ina kau da kai, ban taɓa tunanin in tambaye ta abin da ta bari da rai ba. Uwar mijina ma ba ta taɓa ba.

Na ce, "Ɗaura. Amma ki yi musu ƙulli biyu, kada su haɗu da nawa. Ban yarda da su ba tukuna."

"Ni ma ban ce na tabbata ba. Sai an gwada."

Hutunta ya ƙare kafin girbi, ta koma Gumel. Ubanta bai sake tayar da maganar gayauna ba, ni ma ban tambaye shi ba. Na ce a raina, yarinya ce, ta yi na marmari ta wuce. Ranar da za a yanke gayauna na sa aka kai ni na zauna a inuwar gawo, don kada 'yan ƙwadago su haɗe mai kaba da marar kaba. Sun fara kwantar da kara ke nan sai na ji ƙarar babur a bakin hanya, na ji muryarta tana sallamar ɗan acaɓa. Ashe ta riƙa bugo wa uwarta waya tana tambayar ranar, ta nemi izini a makaranta ta taho.

Ubanta ya ce, "Ke kuma fa? Karatun ya ƙare ne?"

"Kwana biyu aka ba ni, Baba."

"Bana kin zo. Baɗi fa? In kin gama aka tura ki wani gari, ko aka ɗauke ki gidan miji?"

"Zuwa biyu ne a shekara, na ɗauri da na yanka. Duk wanda zai ɗauke ni da wannan sharaɗin zai ɗauka."

Ya juya wajen 'yan ƙwadago, na ji ya ɗaga murya ya ce, "Duk wanda kuka ga kaba a wuyansa ba naku ba ne, ku bar wa mai shi." Na fara laluben sandata zan tashi, don tun kafin a haife shi in an ce mai shi a gayaunar nan ni ake nufi. Sai na ji ɗaya daga cikinsu ya ce, "To malama, bisimilla, ga wuƙa." Ashe ita ya nuna.

Na mayar da sandar na zauna. Abin ya ɗan sosa ni, ba zan ɓoye ba, amma bai kai a sha ruwa ba ya wuce. Ina zaune ina jin sautin wuƙarta, tana yanka tana ajiyewa, ba gaggawa. Da ta gama ta ɗaure dami biyu, babba da ɗan ƙarami, ta kawo gabana na shafa su.

Ta ce wa ubanta, "Ƙaramin nan a kusurwar arewa za a shuka shi, inda ƙuduji ya fi yawa. Kada a sa masa taki."

Ya ce, "Layi nawa?"

"Huɗu ya isa."

"Inna, kin ji. Layi huɗu."

Na ce, "Ni me ya shafe ni, ka tambayi mai gayauna. Amma a bar tsakani da nawa, taku goma, kada iska ta haɗa su aure tun ba mu ga halinsa ba."

Ta ce, "Sha biyar."

Na ce to sha biyar.